Fashin Baƙi: Shin Kiristanci Addinin Turawa Ne? Asalinsa, Aƙidarsa da Alamominsa

Shin Kiristanci addinin Turawa ne? Tambayar ba ta tsufa. Da zarar gwamnati ta ba da hutun Kirsimeti ko na Ista sai ta dawo teburin mai shayi da shafukan Facebook, ta taho da ƙannenta: wai Kirista alloli uku yake bauta wa, wai Turawan mulkin mallaka ne suka ƙago addinin don su ci ƙasa, wai Kirista da Bayahude Ɗanjuma ne da Ɗanjummai. Na lura cewa wanda ya fi kowa ɗaga murya a irin wannan musu, da wuya ka ji ya taɓa tambayar Kiristan da rumfunansu ke jere a kasuwa.

Ranar 5 ga Maris na 2025, azumin Ramadan na kwana biyar, na shiga Keke a Kaduna tare da wata dattijuwa mai baƙin tabo a tsakiyar goshi. Mai Keken ya yi ta leƙenta ta madubi, can dai ya kasa haƙuri ya ce, "Mama, ki goge goshinki, kin shafo baƙin tukunya." Ta yi dariya ta ce, "Ɗana, toka ce, daga coci nake. Yau muka ɗauki namu azumin." Ya waiwayo har ya kusa bugun wani mai babur: "Au, ashe ku ma kuna azumi?" Wannan "ashe" ɗin ce ta sa na zauna rubuta wannan bayani. Inda nake faɗin abin da Kiristoci suka yi imani da shi zan ce Yesu, kamar yadda suke faɗa. Inda nake magana ta ɓangaren Musulunci zan ce Annabi Isa (AS). Hukunci kuwa aikin malamai ne.

Kalmar "Nasara" da ruɗanin da ta haifar

Bakin zaren yana cikin harshenmu. "Nasara" sunan da Alƙur'ani ya kira mabiyan Annabi Isa ne, kuma masana da yawa suna danganta shi da garin Nazarat inda ya girma. Ba shi da alaƙa da launin fata. To amma Kiristan farko da kakanninmu suka gani da yawa, ɗauke da bindiga da tuta, Bature ne, musamman bayan da dakarun Lugga suka ci Kano da Sakkwato a 1903. Sai kalmar ta koma sunan farar fata: "zamanin Nasara" shi ne zamanin mulkin mallaka, a Nijar kuwa har gobe "annasara" Bature ake nufi, ko da bai taɓa taka ƙofar coci ba. Kalma ɗaya ta goya addini da jinsi da mulki, muka gāje ta a haka.

Ita kuwa "Kirista" daga Girkanci ta fito. "Kristos" fassarar Almasihu ce, wato wanda aka shafe da mai, kamar yadda Bani Isra'ila kan shafe sarkinsu ranar naɗi. Littafin Ayyukan Manzanni ya ce a birnin Antakiya aka fara kiran almajiran da wannan suna. Antakiya tana nan a kudancin Turkiyya, ita ce girgizar ƙasar Fabrairun 2023 ta yi wa raga-raga.

Inda abin ya faro

Falasɗinu ce mahaifar wannan addini, a lokacin tana ƙarƙashin Daular Rum. An haifi Yesu a Baitalami, a gaɓar yamma da Kogin Urdun, a ƙarshen mulkin Sarki Hirudus. Shi Hirudus ya mutu shekara 4 kafin shekarar farko ta miladiyya, wanda ke nuna cewa malamin cocin da ya tsara lissafin a shekarar 525, Diyonisiyus, ya ɗan kuskure ƙidaya. Yesu Bayahude ne ta haihuwa, an yi masa kaciya, yana zuwa majami'ar Yahudawa ran Asabar, harshensa Aramiyanci ne, ɗan uwan Larabci da Ibrananci. Yana kusan shekara 30 ya fara wa'azi a yankin Galili, tsakanin masunta da manoma da masu karɓar haraji, ya zaɓi almajirai 12. Jigon wa'azinsa shi ne tuba, da zuwan Mulkin Allah, da son Allah da son maƙwabci, har da maƙiyi.

Wajen shekara ta 30 ko ta 33, a lokacin Idin Ƙetarewa na Yahudawa, aka kama shi a Ƙudus aka miƙa wa gwamnan Rumawa, Bilatus. Kiristoci sun yi imani an gicciye shi ran Juma'a, an binne shi, ya tashi daga matattu ran Lahadi, bayan kwana 40 aka ɗauke shi sama. Wani marubucin tarihin Rumawa, Tasitus, wanda ko kaɗan ba ya ƙaunar Kiristoci, ya rubuta a farkon ƙarni na 2 cewa Bilatus ne ya zartar masa da hukuncin kisa. Musulmi kuwa suna tsaye a kan aya ta 157 ta Suratun Nisa'i, cewa ba su kashe shi ba, ba su gicciye shi ba, an dai kamanta musu ne. A nan hanyoyin biyu suka fara rabuwa.

Rikicin farko: kaciya da abinci

Mabiyan farko duk Yahudawa ne, kuma ba su ɗauki kansu masu sabon addini ba. Matsala ta taso da waɗanda ba Yahudawa ba suka fara shigowa. Dole ne a yi wa Bagirke kaciya? Dole ya bar naman alade ya kiyaye Asabar? Bulus, Bayahuden Tarsus da ya fara da farautar Kiristoci kafin ya zama babban mai yaɗa saƙon, ya ce ba dole ba ne. Wasu a Ƙudus suka ce dole ne. Wajen shekara ta 49 aka zauna da Bitrus da Yakubu, jagororin mabiya a Ƙudus, aka tsayar cewa ba za a ɗora wa baƙi nauyin kaciya ba. Wannan zama shi ya buɗe ƙofa ga sauran duniya, shi ne kuma amsar mai tambayar me ya sa Yesu bai ci alade ba amma Kiristoci da yawa suna ci. Da Rumawa suka rushe Haikalin Ƙudus a shekara ta 70, sai tazarar ta ƙara faɗi, har Yahudanci da Kiristanci suka yi hannun riga. Yahudanci bai yarda Yesu ne Almasihu ba, bai kuma ɗauke shi annabi ba.

Kusan shekara 300 Kiristanci ya yi yana addinin da hukuma ke tsangwama, don mabiyansa sun ƙi yin hadaya ga gumakan Rum da sarkinta. Sarki Nero ya shafa musu kashin kaji bayan gobarar birnin Rum a shekara ta 64, ya ƙona wasu da ransu. Mafi munin farautar ta fara ne a 303. Shekara goma bayan nan sai reshe ya juye da mujiya: Sarki Kustantin ya halatta addinin a 313, a 380 kuma Sarki Tiyodosiyus ya mai da shi addinin daula. Daga nan coci ta shiga fada, ta samu ƙarfi da dukiya, ta kuma koyi tsangwamar wasu kamar yadda aka yi mata.

Afirka ta riga yawancin Turai

Ga inda zancen "addinin Turawa" yake tuntuɓe. Kibɗawan Masar suna danganta cocinsu da Markus, marubucin ɗaya daga cikin Linjila huɗu, kuma Iskandariyya ta zama cibiyar ilimin Kiristanci tun ƙarni na 2. Zaman zuhudu irin na masu ƙaurace wa duniya a hamadar Masar ya samo tushe. Tataliyan, wanda ya fara amfani da kalmar Triniti (aƙidar uku cikin ɗaya) a Latin, mutumin Kartaj ne a Tunisiya ta yau. Agustin, malamin da Katolika da Furotesta duk suke sha daga rijiyarsa, an haife shi a 354 a garin da yanzu ake kira Suk Ahras a Aljeriya.

Sarki Ezana na Aksum a Habasha ya karɓi Kiristanci a ƙarni na 4, ya sa aka buga gicciye a kan kuɗinsa. Masarautun Nuba a Sudan ta yau sun bi sahu a ƙarni na 6. A gefe guda, sai a 597 aka tura tawaga daga Rum don ta yi wa Ingilishi wa'azi, Rasha ta jira har 988, Lituwaniya har 1387. Ke nan lokacin da Manzon Allah (SAW) ya tura sahabbansa hijira Habasha wajen shekarar 615, inda Ja'afar ɗan Abu Ɗalib ya karanta wa Najjashi Suratu Maryam, ƙasar ta kusa shekara 300 da Kiristanci, alhali mafi yawan arewacin Turai na bautar gumaka.

Wanda ya leƙa cocin Otodoks na Habasha zai sha mamaki. A bakin ƙofa ake tuɓe takalmi, mata sun lulluɓe da farin mayafi a ɓangarensu, ana sujada goshi a ƙasa, ba a cin alade, ana kaciya, ana azumin kwana 55 kafin Ista ban da na Laraba da Juma'a. Babu Baturen da ya koya musu wannan.

Me Kirista ya yi imani da shi?

Ka tambayi kowane Kirista alloli nawa ne, zai ce maka ɗaya. Shahadar da manyan malaman coci suka tsara a taronsu na garin Nikiya, wadda har yau ake karantawa a coci-coci ran Lahadi, da imani da Allah ɗaya ta fara. Amma suna cewa wannan Allah ɗaya ya kasance tun azal a matsayin Uba da Ɗa da Ruhu Mai Tsarki, zati ɗaya ba rabuwa, shi ne Triniti. Idan suka ce "Ɗan Allah" ba haihuwa ta aure suke nufi ba, su ma suna ƙyamar wannan fassara; suna nufin Kalmar Allah ta har abada ce ta ɗauki jikin mutum a cikin Maryamu. Ita Maryamu ba ta cikin ukun. Katolika da Otodoks suna girmama ta suna roƙon ta yi musu addu'a, Furotesta kuwa sun ce ko wannan ya wuce gona da iri.

Musulunci bai karɓi wannan bayani ba ko ta wace fuska aka juya shi. Suratul Ikhlasi ta kore haihuwa, aya ta 171 ta Suratun Nisa'i ta ce kada ku ce uku. Saɓani ne na gaske, kuma masu cewa "ai duk ɗaya ne" don a zauna lafiya ba su yi wa kowane ɓangare adalci ba. Sai dai akwai bambanci tsakanin ka ce "ban yarda da abin da ka yi imani da shi ba" da ka jingina wa mutum abin da bai faɗa ba.

Akwai zancen da ya yaɗu cewa Kustantin ne ya ƙirƙiro allantakar Yesu a taron Nikiya na shekarar 325, ya kuma zaɓi littattafan da za su shiga Baibul. Tarihi bai goyi bayan wannan ba. Tun wajen 112 wani gwamnan Rumawa, Filini, ya rubuta wa sarkinsa cewa Kiristoci na taruwa da asuba suna rera waƙa ga Kristi kamar ga abin bauta. Abin da ya tara bishop-bishop kusan 300 a Nikiya, wato garin Iznik na Turkiyya, shi ne koyarwar wani limamin Iskandariyya mai suna Ariyus, wanda ya ce shi Ɗan, halittarsa aka yi, akwai lokacin da babu shi. Taron ya yi watsi da ra'ayinsa. Maganar jerin littattafai ba ta cikin abin da aka yanke. Gaskiya ne dai cewa hannun sarki ya shiga, kuma tsugune ba ta ƙare ba, don an shafe fiye da shekara 50 ana fafatawa kafin taron 381 ya rufe babin a hukumance.

Ginshiƙi na biyu shi ne ceto. Kiristanci na koyar da cewa saɓon Adamu ya ɓata ɗabi'ar ɗan Adam baki ɗaya, har mutum ba zai iya fid da kansa da aikinsa kaɗai ba, don haka Yesu ya mutu ya fanshi mutane, tashinsa kuma shi ne shaidar an ci nasara a kan mutuwa. Shi ya sa Ista ta fi Kirsimeti nauyi a aƙida, ko da yake Kirsimeti ta fi ta shinkafa da kaji. A Musulunci kuwa Adamu ya tuba an yafe masa, kuma wani rai ba ya ɗaukar nauyin wani. Inda aka haɗu ma ba kaɗan ba ne: haihuwa ba uba, tsarkin Maryam, warkar da makafi da kutare, laƙabin Almasihu, dawowarsa a ƙarshen zamani, tashin ƙiyama da hisabi.

"Linjila" biyu

Kalma ɗaya ce, ma'ana biyu. Musulmi in ya ce Linjila, littafin da aka saukar wa Annabi Isa yake nufi. Kirista in ya ce Linjila ko Bishara, yana nufin labarin rayuwar Yesu da maganganunsa kamar yadda Matiyu da Markus da Luka da Yahaya (almajirin Yesu, ba Annabi Yahaya ba) suka rubuta da Girkanci a rabin ƙarshe na ƙarni na 1. A ganinsa Yesu bai zo da littafi ba, shi kansa ne Kalmar. Rabin musun da ake yi a tashar mota daga rashin gane wannan yake tasowa.

Littafi Mai Tsarki tarin littattafai ne kashi biyu. Tsohon Alkawari, wanda ya ƙunshi Attaura da Zabura da littattafan annabawa, sun gāje shi daga Yahudawa. Sabon Alkawari littattafai 27 ne, mafi tsufa a cikinsu wasiƙun Bulus. Jimilla, na Furotesta 66 ne, na Katolika 73, na Habasha 81, kuma yawancin bambancin a Tsohon Alkawari yake. Ita kuwa "Linjilar Barnaba" da ake yawo da ita a kasuwannin littattafai, tsofaffin kwafinta da aka sani na Italiyanci ne da Sifaniyanci, babu wanda ya girmi ƙarshen ƙarni na 16, babu cocin da ya yarda da ita, kuma a cikinta an ce Isa ba shi ne Almasihu ba, abin da ya saɓa wa Alƙur'ani kansa.

Me ya kawo ɗariku barkatai?

Manyan tsagewa uku ne. A 451, taron Kalsidon ya raba kan coci a kan yadda allantaka da mutuntaka suka haɗu a Yesu, Kibɗawa da Habashawa da Armeniyawa da Suryaniyawa suka kama gabansu. A 1054 cocin Rum da na Kustantiniyya, wato Istanbul ta yau, suka yi baran-baran, babban dalili shi ne iyakar ikon Paparoma, aka samu Katolika a yamma, Otodoks a gabas. A 1517 wani limamin Jamus, Martin Luther, ya yi tawaye ga sayar da takardun sassaucin azabar zunubi, ya ce Littafi kaɗai ne hujja, bangaskiya kaɗai ke ceto. Daga nan Furotesta suka fito, su kuma suka yi ta rassa: Lutaran, Angilikan, Baftis, Metodis da sauransu. Masu "wuta! wuta!" da lasifika da addu'ar kwana, wato Fentikostal, jiya-jiya suka zo, farfaɗowar da ta yaɗa su ta faro ne a 1906 a birnin Los Angeles, a hannun wani baƙar fata, William Seymour.

Saboda haka Paparoma ba shugaban dukan Kiristoci ba ne. Na Katolika ne, su kuwa kusan rabi ne na Kiristocin duniya, waɗanda cibiyar bincike ta Pew ta ƙiyasta sun kai biliyan 2.3 a 2020. Fada, wato limamin Katolika, ba ya aure, faston ECWA, cocin Furotesta, yana da mata da 'ya'ya. Katolika na yi wa jariri baftisma, Baftis sai mutum ya girma ya furta da bakinsa a nitsar da shi cikin ruwa.

Alamomin da muke gani

Gicciye bai fara a matsayin abin ado ba. Hanyar kisa ce ta wulaƙanci da Rumawa suka tanadar wa bayi da 'yan tawaye. An samu wani zane a jikin bango a birnin Rum, na wajen shekarar 200, inda wani ya zana mutum mai kan jaki a gicciye don ya yi wa wani Kirista ba'a. Sai bayan zamanin Kustantin gicciye ya fito fili ya hau kan gine-gine. Ka lura da kyau, iri biyu ne: mai siffar Yesu a jiki, wanda aka fi gani wurin Katolika, yana tunatar da wahalar da ya sha, wanda babu kowa a kai, na yawancin Furotesta, yana cewa ya tashi. Haruffa huɗun da ke sama, INRI, taƙaitawar Latin ce ta abin da Bilatus ya sa aka rubuta: Yesu Banazare, Sarkin Yahudawa. Kirista zai ce maka ba itacen yake bauta wa ba, ko da yake su kansu sun sha rigima a kan siffofi, har an yi zamanin da aka bi coci-coci ana farfasa su.

Kifin nan da ake mannawa a bayan mota ya girmi gicciye a bainar jama'a. Haruffa biyar na kalmar "kifi" a Girkanci su ne farkon kalmomin "Yesu Kristi, Ɗan Allah, Mai Ceto". Kurciya Ruhu Mai Tsarki take wakilta, don Linjila ta ce da kamarta ya sauko lokacin da Yahaya ɗan Zakariya ya yi wa Yesu baftisma a Kogin Urdun. Ɗan rago yana nuni da hadaya, daga ragon Idin Ƙetarewa. Alfa da Omega harafin farko ne da na ƙarshe a Girkanci. Gurasa da ruwan inabi na Jibin Ubangiji tunawa ne da cin abincinsa na ƙarshe da almajirai. Katolika sun ce suna zama jikinsa da jininsa da gaske, Furotesta da yawa sun ce alama ce, wasu ma ruwan 'ya'yan itace mara sa maye suke sha. Carbin Katolika kuwa, in ka gan shi a rataye a madubin mota sai ka rantse tazbaha ce, sai ka hango ɗan gicciyen da ke reto a ƙasa.

Tokar goshin dattijuwar nan fa? Ganyen dabinon da aka yi jerin gwano da shi a Lahadin da ke gaban Ista ta bara ake ƙonawa, limami ya dangwala ya zana gicciye a goshi yana tuna wa mutum cewa daga ƙasa ya fito, can kuma zai koma. Da ita ake buɗe azumin kwana 40, ba a ƙirga Lahadi. Azumin ya bambanta da namu: a Katolika rage ci ne da barin nama ran Juma'a, a wasu coci-cocin kuma kame baki ne har yamma.

Kirsimeti da Ista: me ya sa ranaku ke saɓawa?

Littafi Mai Tsarki bai faɗi ranar haihuwar Yesu ba, kuma malaman Kirista ba sa ɓoye wannan. Shaidar farko ta bikin 25 ga Disamba daga birnin Rum ta fito, ta shekarar 336. Kibɗawa da Habashawa da Rashawa suna yi 7 ga Janairu saboda ba su bi gyaran kalandar da Paparoma Giregori ya yi a 1582 ba, tsohon lissafin kuwa yanzu yana baya da kwana 13. Bishiyar Kirsimeti al'adar Jamusawa ce, babu ta a aƙida. Shi ma tsohon nan mai jar hula da ake kira Baban Kirsimeti an samo shi ne daga wani bishop na ƙarni na 4, Nikolas, mutumin Turkiyya ta yau. A nan kam mai cewa "al'adar Turawa" yana da gaskiya. Ista kuwa tana yawo ne don wata take bi: Lahadin farko bayan cikar watan da ya zo daga 21 ga Maris, shi ya sa a lissafin Katolika da Furotesta take faɗowa tsakanin 22 ga Maris da 25 ga Afrilu.

Zuwansa ƙasar Hausa

Mu dai ta hannun Turawa ya iso mana, wannan ba musu. Amma labarin ya fi yadda ake ba da shi sarƙaƙiya. A 1900 tawagar Bishop Tugwell, har da Likita Miller, ta isa Kano, Sarki Alu ya sallame su. Bayan cin ƙasa, gwamnatin mulkin mallaka da kanta ta taƙaita wa 'yan mishan shiga masarautun Musulmi don kada ta ɓata da sarakuna, sai suka karkata ga Filato da kudancin Zariya da Adamawa da garuruwan Maguzawa. Miller ya zauna a Zariya, daga baya mishan ɗin ya koma Wusasa, inda Yakubu Gowon ya tashi. Likitan farko ɗan Arewa, Dikko, da Farfesa Ishaya Audu, ɗan ƙasa na farko da ya shugabanci Jami'ar Ahmadu Bello, duk daga wannan mishan suka fito. A 1932 aka buga cikakken Littafi Mai Tsarki da Hausa, kuma "Allah" aka rubuta a ciki, kamar yadda Kiristocin Larabawa suke faɗa. A Nijar, asibitin mishan na Galmi yana aiki tun 1950.

Hausa ta zama harshen coci ga ƙabilu da dama. Dubi sunayen: Ekklesiyar 'Yan'uwa a Nijeriya, wadda ta faro a Garkida a 1923, ko Tarayyar Ekklesiyoyin Kristi a Nijeriya. Ka wuce ta gefen wani coci a Jos ko Zonkwa ran Lahadi ka ji 'yan Zumuntar Mata, zane iri ɗaya, suna buga tulu da tafin hannu, muryar jagora na bayarwa saura na amsawa. In ba ka kasa kunne ga kalmomin ba sai ka ɗauka gaɗa ake yi.

Abin da ruɗanin ke jawo wa talaka

A Janairun 2015 wata mujallar Faransa, Charlie Hebdo, ta sake buga zanen ɓatanci ga Manzon Allah (SAW). A Damagaram da Yamai fushi ya sauka a kan coci-coci, aka ƙona gommai, mutum goma suka rasa rayukansu. Mujallar kuwa ta marasa addini ce, ta sha zana Paparoma da Yesu cikin isgili. Wanda aka ƙona wa wurin ibada ɗan Nijar ne da bai taɓa ganin Faris ba. Wannan aikin kalmar "annasara" ne.

Haka batun Falasɗinu. Baitalami garin Falasɗinawa ne, kuma akwai Kiristoci a cikinsu tun farkon addinin. Shireen Abu Akleh, wakiliyar Aljazeera da aka harbe a Jenin a 2022, Kirista ce. Cocin Forfiriyus na Gaza, inda Musulmi da Kirista suka fake tare, harin Isra'ila ya faɗa wa harabarsa a Oktoban 2023 ya kashe mutane. Gaskiya ne akwai Kiristoci, musamman a Amurka da wasu coci-cocinmu na nan, da ke mara wa Isra'ila baya bisa fassararsu ta annabci, amma Kiristan Baitalami bai san wannan karatun ba. Ta ɗaya ɓangaren ma akwai irin wannan kuɗin goro, inda wasu ke kallon duk mai rawani a matsayin ɗan Boko Haram, duk Bahaushe kuma dole Musulmi ne, har Bahaushe Kirista ya rasa inda zai sa kansa, nan a ce ya yi ridda, can a ce ɗan leƙen asiri ne.

Ƙididdigar Pew ta nuna cewa zuwa 2020 Afirka kudu da Sahara ta zarce Turai yawan Kiristoci, kusan kashi 31 cikin 100 na duniya, Turai na da kusan 22. An fara ganin tasirin haka. Cocin Angilikan na Nijeriya ya daɗe da juya wa uwar cocin Ingila baya a kan auren jinsi. Da fadar Paparoma ta ba da damar sa wa masu irin wannan zama albarka a Disamban 2023, ko wata guda ba a yi ba bishop-bishop na Katolika a Afirka suka fitar da sanarwar haɗin gwiwa cewa ba za a yi haka a coci-cocinsu ba, Rum kuma ta ƙyale su.